Kada a Raba Malam Muhammadu Bakatsine Gida Biyu

A shekarar 1741 wani malami ɗan ƙasar Katsina ya rasu a birnin Alƙahira, a gidan Shaihu Hasan al-Jabarti, masanin falaki kuma mahaifin marubucin tarihin Masar, Abdurrahman al-Jabarti. Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Katsinawi. Ya yi karatu wurin malaman Barno, ya sauke farali, ya zauna Masar, ya bar wa mai masaukinsa littattafansa. Yau in aka tambayi ɗan makaranta a Bazaga ko Malbaza ko Illela, zai kawo sunan Pythagore da Thalès ba gargada, amma da wuya ya taɓa jin sunan wannan bawan Allah. Laifin wannan shiru yana wuyan ƙungiyoyi biyu, kowace ta yanki rabin mutumin ta jefar da saura.

Ƙungiya ta farko ta ce boka ne. Hujjarsu littafinsa al-Durr al-Manzum, wanda ya tattara sanin ɗalasimai da taurari da zaɓen sa'a, yana bin sawun wani tsohon littafi da ake jingina wa Fakhruddin al-Razi. Gaskiya ne ya rubuta shi, kuma mai tsoron Allah yana da ikon ƙin abin da ke ciki. Sai dai malaman Musulunci tun da can sun raba sanin taurari kashi biyu: lissafin tafiyarsu domin gane lokaci da alƙibla, wanda suka halatta, da kuma da'awar cewa suna juya ƙaddarar mutum, wadda suka hana. Masu yi wa duka biyun kuɗin goro sun manta da cewa manomin ƙasar Ƙonni da kashi na farko yake ci. Shekarar Hijira tana gaza ta rana da kwana 11, saboda haka ba ta nuna lokacin shuka. Shi ya sa malaman zaure suka riƙe lissafin masaukan taurari 28, kowane kwana 13, guda ɗaya kwana 14, jimla 365. Tsohon da ke duban Kaza da Ƴaƴanta kafin ya ciro iri daga rumbu, lissafi yake yi.

Ƙungiya ta biyu ƴan boko ne masu neman gwarzo. Su kuma sun ji cewa a 1732 ya rubuta bayani kan yadda ake gina hatimi mai gidaje mara, sai suka wanke shi tas, suka sa masa rigar farfesan jami'a, suka binne ɗalasiman. Wannan ma ƙarya ce, kuma ƙaryar ƙauna ta fi ta gaba ɓarna, domin ranar da ɗalibi ya gano abin da aka ɓoye masa, zai zubar da sauran duka. A zamaninsa hatimi ɗaya ne ke ɗauke da lissafi da neman tsari a lokaci guda. Haka abin yake a Turai ma: Kepler, wanda ya gano dokokin tafiyar duniyoyi, yana yi wa manya duba da taurari, kuma ba wanda ya fid da shi daga littattafan makaranta saboda haka.

Abin da ya rage bayan an tace shi ne lissafin, kuma bai tsufa ba. Hatimi mai gida uku-uku yana cin lambobi daga 1 zuwa 9, ta kowace fuska aka tara, a tsaye ko a kwance ko a karkace, 15 za a samu. Mai biyar-biyar yana ba da 65, mai bakwai-bakwai 175. Malamin da ya zana wannan a allon aji, ya bar yara su nemo dalilin da ya sa 5 ba ta barin tsakiya, ya koyar da hujja da ƙa'ida da abin da yaran suka saba gani a allon zaure. Ba ya buƙatar kwamfuta ko littafi daga Faris. Alli ya isa.

A 2025 Nijar ta ayyana Hausa harshen ƙasa. Harshe kuwa buhu ne, ba ya tsayuwa sai da abin da aka zuba masa. In dai fassarar darussan Faransanci kawai za a zuba, to sauya suna aka yi. Aikin malaman makaranta da ƙungiyoyin al'adu na jihar Tawa a fili yake: su zauna da tsofaffin da suka san sunayen taurari da lokutansu tun suna raye, su rubuta, su sa hatimi cikin darasin lissafi, su kuma gaya wa ɗalibai wane ne Malam Muhammadu Bakatsine, da abin da ya gano da abin da ya yi kuskure a kai. Masar ta ba shi masauki da kabari. Ƙasar Hausa ba ta rasa darasi ɗaya a shekara da za ta ba shi ba.