Daga kujerar da muka raina Hirani ya taso

A Kano idan ka ce "tace fim", hankalin kowa kan Hukumar Tace Finafinai yake tafiya. Ba mai tunawa da yaron da ke zaune a ƙuntataccen ɗaki gaban kwamfuta, janareta na ruri a waje, yana haɗa abin da aka ɗauko a lokeshan. Sunansa ma sai ƙarshen fim yake fitowa, bayan kowa ya tashi. To daga irin wannan kujera Rajkumar Hirani ya taso.

Ko ba mu riƙe sunansa ba, mun san aikinsa: shi ne daraktan 3 Idiots na 2009 da PK na 2014. A makarantar koyon fim ta Pune tace hoto ya karanta, ba ba da umarni ba. Ya daɗe yana haɗa tallan talabijin, ya tace Mission Kashmir na Vidhu Vinod Chopra a 2000, sai a 2003, yana da shekara 41, ya fitar da fim ɗinsa na farko, Munna Bhai M.B.B.S. Da ya zama darakta kuma bai saki almakashin ba, shi yake tace finafinansa.

Mu dai Aamir Khan muke yabo. Amma a sake duba 3 Idiots. Labari biyu ne ke tafiya tare, neman Rancho a yau da zaman makaranta na shekara goma baya, kuma ba inda mai kallo ya ɓace. Na'urar da Rancho ya ƙera mai jawo wuta daga batirin mota an nuna mana ita tun da wuri, mun ɗauka shiririta ce, sai ga shi a daren ruwa da aka ɗauke wuta da ita aka karɓi haihuwa. Wannan tunanin edita ne, mutumin da ya saba tambayar kowane sin: me ka zo yi nan? Kafin Hirani ma Indiya ta ga haka. Hrishikesh Mukherjee ya tace wa Bimal Roy finafinai kafin ya yi Anand a 1971.

Mun kwaso waƙa daga Indiya, mun kwaso rawa da soyayyar mutum uku, muka baro wannan. Kunna shiri mai dogon zango a YouTube ka gani. Mota ta tsaya, a yi hon, maigadi ya taso, ya buɗe get, ya rufe, Alhaji ya fito, a gaisa, a tambayi gajiya, a tambayi yara ɗaya bayan ɗaya. Labari bai motsa ko taku ɗaya ba, datarka kuwa ta motsa. Edita ya ga ɓarnar sarai, sai dai ba shi da bakin magana. Furodusa yana son kashi ya yi tsawo, jarumi ba ya yarda a rage fuskarsa, shi kuma an ɗauke shi mai danna madannai ne, a ba shi abin da ya samu a ce gobe da safe ake so.

Za a ce ai 3 Idiots ɗin ma ya kusa awa uku. Haka ne, kuma wa ya taɓa danna shi gaba? Tsawo ba laifi ba ne, cika ciki da ruwa shi ne laifi. Za a kuma ce ba kowane edita ne zai iya riƙe lokeshan da jarumai ba. Wannan ma gaskiya ce, amma jarumi nawa muka miƙa wa kujerar darakta don kawai fuskarsa ta yi kasuwa, ba wanda ya tambaye shi ko ya taɓa zama ya ga yadda ake haɗa sin biyu?

Abin da muke nema ba shi da tsada. A ba edita rubutun labari kafin a fita ɗauka, a sa sunansa a farkon fim kusa da na darakta, idan ya ce a yanke a saurare shi. Wanda ya shekara goma yana gyara kurakuran daraktoci, ran da ya kawo nasa labarin a karanta, kada a ce ya koma ya gama kashi na gaba tukuna.