Ra'ayinmu: Uku, Uku, Takwas, Takwas

Duk wanda ya ratsa ɗakunan kwanan ɗalibai da dare a wannan zangon karatu, zai tarar da 'yan'uwanmu sun duƙufa a kan wayoyinsu, wasu na cizon yatsa, wasu na ƙirga da baki. Abin da ya ɗauke musu hankali shi ne wasan nan da ake kira 24. Ƙa'idarsa ba ta da wuya: za a ba ka lambobi huɗu, ka yi aiki da kowace sau ɗaya tak, ta hanyar tarawa ko ɗebewa ko ninkawa ko rabawa, har ka fitar da 24. Wasan ya girmi wayar hannu nesa ba kusa ba, domin da karta ake yin sa a ƙasar Sin, kuma a shekarar 1988 wani mai suna Robert Sun ya fitar da shi a katuna na musamman don makarantun Amurka. Idan aka ɗauki lambobi daga 1 zuwa 13, ana iya haɗa rukuni 1,820 na lambobi hurhuɗu, 1,362 daga ciki ne suke da amsa.

Galibin matakan wasan ana wuce su kafin shayi ya huce. Amma akwai mataki guda da ya tsare mutane kwana da kwanaki, wato inda aka ba da 3, 3, 8, 8. Da yake za mu warware shi a nan, muna roƙon mai karatu ya ajiye mujallar nan tukuna, ya ɗauki takarda da biro ya gwada ƙarfinsa, sa'an nan ya dawo.

Tarkon yana a fili. Ido na faɗawa kan lambobin sai zuciya ta ce uku sau takwas ai 24 ke nan. To, sai a rasa yadda za a yi da ragowar 3 da 8, a yi ta juya su ana neman su zama sifiri ko ɗaya, su kuwa sun ƙi. Mafita ita ce a faro daga ƙarshe. A ware 8 guda ɗaya, a tambayi kai: da me zan haɗa ta in sami 24? In ninkawa ce, ana bukatar 3. In tarawa ce, 16. In ɗebewa ce, 32. Duk wanda ya gwada zai ga 3 da 3 da 8 ba sa ba da ko ɗaya daga cikin waɗannan. Saura ƙofa guda da kowa ke tsallakewa, ita ce rabawa. A raba 8 da sulusi, wato ɗaya bisa uku, za a sami 24, kamar yadda mai kwano takwas na gero zai yi awo 24 in ma'auninsa sulusin kwano yake ci. Sulusin kuwa ga inda yake: 8 a raba da 3 ya zama biyu da sulusi biyu, a ɗebe wannan daga 3, saura sulusi ɗaya. A rubuce, 8 ÷ (3 − 8 ÷ 3) = 24, kuma babu wata hanya sai ita.

Abin da ya sa muka kawo maganar wasa cikin wannan fili shi ne yadda muka ga da yawanmu sun haye matakin. Wasu sun danna maɓallin taimako, suka kalli talla ta rabin minti, aka miƙo musu amsa. Wasu sun nemo ta a intanet suka watsa a zauren WhatsApp na ajinsu, nan da nan kowa ya wuce. Muna ganin an yi asara, domin wasan ba shi da kyautar kuɗi, ba shi da takardar shaida. Ribarsa ɗaya ita ce wannan lokaci da mutum ya maƙale, ya gane cewa hanyar da ya saba ta toshe, ya tilasta wa ƙwaƙwalwarsa neman wata. Wanda ya karɓi amsa ya sayar da ribar, ya riƙe ƙirgar matakai kawai. Hausawa sun ce zanen aro ba ya rufe katara, kuma muna tsoron hannun da ya saba danna taimako a ɗaki shi ne zai lalubi 'yar takarda a aljihu ranar jarrabawa.

Akwai kuma abin kunya na biyu da matakin ya tona, wato tsoron da muke yi wa lambar da ba cikakkiya ba. Da zarar 8 ta ƙi rabuwa daidai gida uku, sai mu ja da baya, mu ce nan ba hanya. Alhali kuwa malaman zaure da alƙalanmu sun daɗe suna rabon gado da rabi da sulusi da rubu'i da sudusi da sumuni, ba tare da na'ura ba. Haka nan Muhammadu ɗan Muhammadu al-Kashinawi, mutumin Katsina wanda ya rasu a Alƙahira a 1741, ya rubuta littafi a 1732 a kan yadda ake jera lambobi cikin hatimi, kowane layi ya ba da jimla ɗaya. Jikokin waɗannan mutane bai kamata sulusi ya kore su ba.

Kada a ɗauka muna cewa wasan waya zai mai da mutum gwanin lissafi, ko kuwa a bar littafi a rungumi waya. Wanda ya kwana yana wasa ya makara lacca ya yi wa kansa. Amma mu tuna cewa gobe mu ne za mu zauna a ofisoshin gwamnati, kamar yayyenmu ma'aikata masu karanta wannan mujalla. Can ne za a ajiye mana takardar albashi mai ariyas na wata biyu da kwana goma, ko kasafin da za a raba wa makarantu gwargwadon yawan yaransu. Ranar nan babu maɓallin taimako, kuma kuskuren ma'aikaci haƙƙin talaka ne yake salwantarwa.

Saboda haka muna kira ga 'yan'uwa da su ɗaukar wa kansu ƙa'ida: kada a nemi taimako sai matsala ta kwana, kuma wanda ya gano amsa ya nuna wa abokinsa bakin hanya kawai, ya bar shi ya ƙarasa da ƙafarsa. Muna kuma roƙon shugabannin ƙungiyar ɗalibai su keɓe yammaci ɗaya a mako don gasar wasa ƙwaƙwalwa, da allo da alli, wayoyi kuwa a aljihu.

Ga namu tukuicin kafin fitowa ta gaba: 1, 5, 5, 5. Amsar tana nan, kuma wanda ya fahimci abin da ya gabata ya riga ya riƙe mabuɗin. Allah Ya buɗa mana basira, amin.