Rim Ɗin Ƙawa: Tsakanin Ado, Algus Da Rayukan Bayin Allah

 

Mun sani sarai cewa wasu daga cikin 'yan uwa za su ga wannan kai su ɗaure fuska, su ce me ya haɗa mujallar da'awa da rim ɗin mota, ko kuwa malamai sun rasa abin faɗa ne? To muna tambayarsu: wane babi ne na fiƙihu ya fitar da kasuwar kayan gyaran mota daga hukuncin ciniki? Wane malami ne ya ce kiyaye rai da kiyaye dukiya, waɗanda suke cikin manyan manufofin shari'a, suna tsayawa a ƙofar masallaci ba sa shiga gareji? Wanda ya yi sallar asuba a sahun farko, sa'an nan da hantsi ya sayar wa ɗan uwansa rim mai tsaga da aka lulluɓe da fenti, shi ne muke magana a kansa, kuma ba mu ga dalilin jin nauyinsa ba.

Bari mu fara kawar da wata shubuha. Ba mu ce rim ɗin aloyi haramun ne ba, kuma ba mu da ikon haramta abin da Allah bai haramta ba. Ado halal ne, kyakkyawan abin hawa ni'ima ne. Rim ɗin aloyi na asali, wanda aka zuba da alminiyam haɗe da wasu ƙarafa, ya fi na baƙin ƙarfe saurin fitar da zafin burki, kuma sau da yawa ya fi shi rashin nauyi. Kamfanonin motoci da kansu suna fitar da motoci da shi. Abin da muke inkari shi ne yadda samarinmu, har da wasu dattawan da ya kamata su fi haka hankali, suke zaɓen rim da ido kawai kamar masu zaɓen hula, alhali a kan wannan ƙarfen ne nauyin mota da na iyali da na fasinja yake, a cikin gudun kilomita 120 a awa.

Ku je Ƙofar Ruwa a Kano, ko Panteka a Kaduna, ku tsaya ku saurari ciniki. Mai saye zai nuna wanda ya fi walƙiya, ya tambayi inci nawa ne, ya ƙirga ramukan noti, in ya ga biyar ne kuma motarsa biyar ce, shi ke nan an gama. Subhanallahi! Ramuka biyar ba duka suke ɗaya ba. Akwai awon da'irar da ramukan suke zaune a kanta, wanda masu sana'ar ke kira PCD. Toyota Camry da Honda Accord ramuka biyar ne a kan da'irar milimita 114.3. Mercedes ramuka biyar ne a kan 112. Corolla ta 2003 zuwa 2008 da ake shigowa da ita daga Amurka biyar ce a kan 100. Golf 3 ɗin da ta cika tashoshinmu, yawancinta huɗu ne a kan 100, ita kuwa Peugeot 406 huɗu ne a kan 108. Tsakanin 112 da 114.3 bambancin bai kai milimita uku ba, ido ba ya ganinsa, don haka bakanike maras tsoron Allah zai tura rim ɗin da ƙarfi, ya ɗaure noti har ya shiga. Amma kowace ƙusa ta zauna a karkace, tana lanƙwasa kaɗan kaɗan a duk juyawar taya, har ranar da za ta gaji ta karye. In ɗaya ta karye, nauyinta ya koma kan sauran huɗun da su ma sun riga sun gaji. Daga nan sai a ji labari cewa taya ta fita ta bar mota, a ce ƙaddara ce.

Na'am, mun yi imani da ƙaddara, mai daɗi da maras daɗi. Sai dai Ahlus Sunna ba su taɓa yarda a kafa hujja da ƙaddara don a wanke sakaci ba. Wanda ya haƙa rami a kan hanyar Musulmi wani ya faɗa, fiƙihu ya ɗora masa lamuni, bai ce masa je ka, an rubuta ba.

Akwai kuma ramin tsakiya, wanda yake zama daidai a kan kan gatarin taya don rim ya tsaya a tsakiya cif. Na Camry milimita 60.1 ne, na Accord 64.1, na Mercedes 66.6. Rimukan kasuwa ana yi musu babban rami don su shiga motoci da yawa, sai a cike giɓin da wani ɗan zobe na roba mai tauri ko na alminiyam. Zoben nan kuɗinsa bai taka kara ya karya ba, amma nawa ne daga cikin masu ɗaura rim a garuruwanmu suka taɓa ambata shi ga mai mota? Sai mutum ya hau babban titi sitiyari ya kama karkarwa, ya koma a yi masa balansin sau uku, karkarwar tana nan, domin ba a nan cutar take ba.

Sa'an nan akwai lambar da ake bugawa a bayan rim bayan haruffan ET, wadda take nuna yadda rim zai shige ciki ko ya turo waje. Yawancin ƙananan motocin da ke ja da tayoyin gaba suna tsakanin 35 da 50. Samarinmu sun fi son wanda ya turo waje, wai mota ta yi faɗi kamar ingarma. Sakamakon shi ne nauyi ya kauce daga inda injiniya ya tsara ya sauka, boris ya riƙa mutuwa kafin lokacinsa, taya ta riƙa gogar jikin mota a duk kwana ko gargada, har gefenta ya yanke. In kuma ya shige ciki fiye da kima, sai ya taɓa burki ko shakazoba.

Inda muka fi son mu daɗe shi ne maganar girma, domin a nan ne wauta ta haɗu da almubazzaranci. Corolla ɗin da ta zo da rim mai inci 15 da taya mai lamba 195/65, kaurin gefen tayarta kusan milimita 127 ne. Wannan gefen shi ne katifar da ke tsakanin rim da ramin titi. Mai mota ya cire, ya sa inci 18. Dole ne tsayin ƙafar gaba ɗaya ya zauna kusan yadda yake, bambancin kada ya wuce kashi 3 cikin 100, in ba haka ba agogon gudu ya yi ƙarya kuma taya ta gogi jiki. Saboda haka sai a sa taya mai lamba 225/40, wadda gefenta milimita 90 ne kacal. Wato an zubar da kusan kashi 30 cikin 100 na katifar. Wannan tsari an yi shi ne don titunan Jamus da Japan masu santsi kamar faranti. Mu fa? Wanda duk ya san titunanmu bayan damina ya san amsa. Rim ɗin baƙin ƙarfe in ya daki rami lanƙwasa yake yi, a buga shi da guduma ya kai ka gida. Na aloyi da aka zuba a mazubi, musamman mai arha, tsagewa yake yi, wani lokaci ta ciki inda ba a gani, iska ta riƙa zurarewa a hankali, ko kuma ta fice gaba ɗaya a lokaci guda.

Kada wani ya raina fitar iska a cikin gudu. A ranar 6 ga Maris 2016, ƙaramin ministan ƙwadago James Ocholi da matarsa da ɗansa sun rasu a hanyar Kaduna zuwa Abuja bayan tayar motarsu ta fashe. Ba mu ce rim ne ya jawo ba. Abin da muke nunawa shi ne, in ƙafa ɗaya ta saki a cikin gudu, girman mota da tsadarta ba sa hana ta wuntsilawa.

Ga kuma asarar dukiya. Babban rim mai arha yakan fi na asalin nauyi, faffaɗar taya ta fi jan ƙasa, mota ta ƙara shan mai. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayu na 2023 kowa ya san yadda lita ta koma. Tayar inci 18 ta fi ta inci 15 tsada nesa ba kusa ba, don haka mai motar da ya ƙarar da kuɗinsa a kan rim sai ya koma ga tayar gwanjo wadda ta tsufa a Turai. A gefen kowace taya akwai lambobi huɗu na ƙarshe bayan haruffan DOT, biyun farko mako, biyun ƙarshe shekarar da aka yi ta. 2315 na nufin mako na 23 na 2015. Ka ga rim yana ƙyalli, tayar da ke kansa ta haura shekara 10. Malamai sun bambanta israfi, wato wuce iyaka a inda kashewa ta halatta, da tabziri, wato zuba dukiya inda bai dace ba sam, kuma Suratul Isra'i ta yi kakkausan gargaɗi a kan na biyun a aya ta 26 da ta 27. Mutumin da ake binsa kuɗin haya da kuɗin makarantar yara, ya ciwo bashi don ya cire lafiyayyen rim ya sa wanda ya fi haɗari, ya duba da kansa a wane layi yake.

Yanzu mu juyo gare ku, ya ku 'yan kasuwa. Ba boyayyen abu ba ne cewa akwai masu sayen rim da ya tsage, su kai wa mai walda ya like, a goge, a fesa fenti, a jera shi cikin kayan Beljiyam a ce tokumbo ne lafiyayye. Alminiyam ɗin rim yana samun ƙarfinsa ne daga wata gasawa da ake yi masa a masana'anta bisa ƙayyadadden zafi da lokaci. Wutar walda tana warware wannan ƙarfin a kewayen inda ta taɓa, wurin ya yi laushi ko da ya yi kyau a ido. Ya tabbata a Sahihu Muslim cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya cusa hannunsa cikin tarin abincin wani mai sayarwa, ya ji danshi a ƙasa an rufe da busasshe a sama, ya tsawatar masa, ya kuma barranta daga mai algus. Wancan jiƙaƙƙen hatsi ne, iyakarsa asarar kuɗi. Me za a ce da wanda ya ɓoye tsaga a ƙarƙashin fenti, a abin da zai ɗauki rayuka? Fuƙaha'u suna kiran wannan tadlisi, kuma sun ba mai saye haƙƙin mayar da kaya saboda aibi. Rubuta "in ka saya ba mayarwa" a kan rasit ba ya wanke wanda ya san aibin ya yi shiru.

Haka nan masu cewa ai akwai hatimi a jiki. Gaskiya ne rim ɗin Japan na ƙwarai yana ɗauke da alamar JWL, na manyan motoci da bas JWL-T, wasu kuma da alamar VIA ta gwaji. Amma masu jabu sun iya zuba waɗannan haruffa a mazubinsu. Mai saye ya juya rim ya duba bayansa: sunan kamfani, girma da faɗi, lambar ET, da nauyin da aka yarda ya ɗauka, wanda ake yawan bugawa da kilo. Wannan na ƙarshe ya fi shafar direbobin haya, masu loda wa Sharan da Hiace mutane da buhuna har bayan mota ya kusa taɓa ƙasa. Rim ɗin da aka yi don ƙaramar motar gida ba shi da hurumi a ƙarƙashin irin wannan lodi. Ya shafa hannu a cikin rim ya nemi tudun walda, ya sa a ɗora shi a injin balansin a juya a gabansa kafin ya biya.

Ku kuma makanikai da masu faci, ku sani malaman Malikiyya sun tafi a kan lamuntar da masu sana'a abin da ya lalace a hannunsu, domin kare dukiyar jama'a. Noti ma iri iri ne. Rim ɗin aloyi na asalin Toyota yana amfani da noti mai shimfiɗaɗɗen gindi da wasa, na Honda gindinsa kewayayye ne kamar ƙwallo, yawancin na kasuwa kuwa mai tsini ne. In aka sa wani a mazaunin wani, sai ya kama da ɗan siririn baki kawai, ya kwance a hanya. Zaren ma ya bambanta, na Nissan ba ya hawa ƙusar Toyota. Kuma wannan ɗabi'a ta zura bututu a sipana, ƙato ya hau ya yi tsalle a kai, ba ƙwarewa ba ce. Camry da Corolla awon ɗaurinsu Nm 103 ne, Accord 108, kuma akwai sipana mai awo da aka yi don haka. Ɗaurin da ya wuce kima yana miƙar da ƙusa, ya raunana ta, ya kuma bar mace ko tsoho a daji da fashewar taya ba su iya kwance noti. A ɗaura a gicciye, noti ɗaya sai na daura da shi, sa'an nan a gaya wa mai mota ya dawo bayan tafiyar kilomita 50 zuwa 100 a sake dubawa, domin sabon rim ɗin aloyi yakan ɗan zauna noti ya saki.

Muna kira ga shugabannin ƙungiyoyin 'yan kasuwar kayan mota, da yawansu ɗalibanmu ne a majalisun karatu, da su kafa doka a tsakaninsu cewa duk rim ɗin da aka yi wa walda a buga masa alama bayyananna, kuma kada a sayar da shi ga motar haya ko ta wane hali. Hukumar kiyaye haɗurra ta FRSC, wadda aka kafa tun 1988, ta daɗe tana faɗakarwa a kan tsofaffin tayoyi. Muna so jami'anta su riƙa leƙa rim ɗin ma a tashoshi. Kwamitocin masallatanmu da suke da motocin ɗaukar ɗalibai da na tafiya wa'azin ƙasa, su fara da nasu a wannan watan: a kwance ƙafafu huɗun, a duba bayan kowane rim, a karanta shekarar kowace taya, a rubuta a kawo wa shugaban kwamiti.