Abin da tef ɗin awo ya koya mini

Shekara 19 ke nan ina ɗinkin mata a Birnin Kudu, tun da aure ya kawo ni daga Gwaram. A tsawon shekarun nan, matan da suka ce mini jikinsu ya yi musu daidai ba su cika yatsun hannu ɗaya ba. Siririya tana yawo da sha-ka-fashe a jaka. Mai jiki tana riƙe numfashi idan na zagaya tef a cikinta. Wata kuma fuska fes, amma gaɓoɓin yatsunta sun tona asirin man da take shafawa.

Makon jiya wata amarya mai shekara 24 ta kawo leshinta, ta rage murya ta ce, "Anti, ki sa mini soso a ƙugu, kada dangin ango su raina ni ranar buɗar kai." Yarinya ce lafiyayya, ba abin da Allah ya rage ta da shi.

Ƙanina da ya yi karatu a Jamus ya taɓa ba ni labarin wasu Turawa manya da ke taruwa bakin ruwa tsirara, al'adar da ta haura shekara 100 a can. Hujjarsu ita ce, wanda ya saba ganin jikin mutane yadda yake, da tumbi da tabo da tamoji, zai daina tsanar nasa. Na ce a'uzubillahi, kuma har gobe haka zan ce, domin addininmu ya yi iyaka ga al'aura. Sai dai ciwon da suka gano gaskiya ne. Maganinsu ne ba namu ba.

Mu ma da muna da namu. A cikin gidanmu na Gwaram kakata da kishiyoyinta suna daka da ɗaurin ƙirji, mu yara mata muna ganin yadda jiki ke komawa bayan haihuwa takwas. A wankan jego babu mai ɓoye nankarwa. A filin shaɗi Bafillatani yana nuna tabon bulala da alfahari. Alhazai kuma cikin harami, mai tumbi da ramamme, sahu ɗaya suke. Yau ina 'yarmu take ganin jikin mace? A TikTok, inda waya ta goge kowane tabo, ta matse ciki, ta ƙara haske.

Kuɗin wannan ruɗi a asibiti ake biyan sa. A 2023 hukumar NAFDAC ta bayyana bilicin a matsayin matsalar lafiya ta gaggawa a Nijeriya. Sinadarin makuri da ke cikin wasu mayukan yana lalata ƙoda, wasu ƙwayoyin ƙiba kuma suna kumbura fuska, su jawo hawan jini da ciwon suga.

Ban ɗora wa 'yan matan laifi ba. Laifin na saurayin da ke cewa sai fara ne, da uwar miji mai auna amarya da ido kamar tunkiyar layya, da mu teloli masu cusa soso muna karɓar kuɗi. Kunya ta ce a rufe jiki, ba ta ce a tsane shi ba.

Amaryar nan na sa mata soson, don kuɗin hayar shago ba ya jira. Amma da ɗinkin hannu na riƙe shi, na nuna mata bakin zaren. Na ce, "Ƙanwata, ranar da kika gaji da shi, ja ɗaya ya isa."