Sharhi: Kada a Yanke wa Mai Cin Bashi Hukunci Ba a Ji Ta Bakinsa Ba

Ba kowace shari'ar bashi ce ake kiran shaidu a yi doguwar muhawara ba. Dokokin Babbar Kotun Jihar Kaduna na 2007 sun tanadi gajeriyar hanya. Wanda ke bin bashi ya kawo takardunsa, ya yi rantsuwa cewa wanda yake ƙara ba shi da abin faɗi. Shi kuma wanda ake ƙara sai ya shigar da nasa bayani a rubuce cikin wa'adi. Idan alƙali ya ga yana da hujja, sai ya ba shi izinin kare kansa. In babu, nan take a yanke hukunci. In kuwa wani sashe na kuɗin ne ake jayayya a kai, a hukunta shi kan wanda ya tabbata, a saurari saura.

Babu shakka wannan tsari yana da amfani. Akwai masu taurin bashi waɗanda aikinsu ke nan neman a ɗaga shari'a har mai haƙƙi ya gaji ya bari. Tun 1984, a shari'ar kamfanin Nishizawa da Jethwani, Kotun Ƙoli ta ja layi biyu: kada a bar marar hujja ya yi wa mai haƙƙi yawo da hankali, kada kuma a toshe bakin mai hujja ta gaskiya.

Layi na biyun shi ne abin tsoro a ƙasar Zangon Kataf. A 2023 cuta ta cinye gonakin citta a kudancin Kaduna, manoma da yawa kuwa da rance suka yi noman. Manomi daga Zonkwa ko Samarun Kataf da aka miƙa wa sammaci da Turanci, zuwa kotu a Kafanchan, mai yiwuwa ya biya rabin kuɗin, ko an ɗora masa ruwan da bai amince da shi ba. Amma kafin ya sami mai karanta masa, ya haɗa kuɗin mota da na lauya, wa'adi ya wuce. Rashin sani ya fi dare duhu.

Mutanen wannan yanki sun san illar shari'ar da babu kariya. Bayan rikicin 1992, wanda aka yi asarar rayuka masu yawa, kotun musamman ta ci gaba da shari'ar Janar Zamani Lekwot da wasu bayan lauyoyinsu sun janye. A 1995 Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Afirka ta ce an tauye musu haƙƙin kare kai. Waccan shari'ar laifi ce, wannan ta bashi, amma sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya haɗa su duka.

Saboda haka ya kamata kowane sammaci irin wannan ya zo da fassarar Hausa, da ranar ƙarewar wa'adi baro-baro. Ma'aikacin kotu ya karanta wa wanda bai iya karatu ba. Hukumar Ba da Taimakon Shari'a, wadda aka kafa tun 1976, ta matso kusa da ƙauyuka. Alƙalai kuma, duk inda suka ga jayayya ta gaskiya kan lissafi, su ba da izinin. Jinkirin wata biyu ya fi sauƙi a kan gwanjon gonar gado bisa kuskure.