WANDA YA TAFI DA ABIN DA YA KOMO DA SHI

Jama'a, yau zancen majigi za mu yi. Kada wani ɗan kasuwa a Yalwan Damai ya ce ina ruwansa da silima, gama zancen ya shafi kowane gida da yaro ya fita cin rani.

Dattawanmu na ƙasar Birnin Kudu da Gwaram sun san majigin zamanin Turawa. Mota ce takan zo da dare, a kafa farin ƙyalle, a nuna wa talaka yadda zai noma auduga da yadda zai share gida. Kullum talaka ne jahili a ciki, hukuma kuwa ita ce mai hankali. Shi ya sa muke so ku ji labarin wani maƙwabcinmu da ya juya akalar majigi.

Sunansa Mustafa Alhassan, a rubutun Faransanci Moustapha Alassane. An haife shi a Nijar a 1942. Kanikanci ya fara koya, ba ɗan sarki ba ne. A Yamai ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, ya koyi riƙe kyamara, ya yi fim ɗinsa Aouré, watau Aure, a 1962. Ya kuma tafi Kanada, ya ƙaro sanin zanen da ke motsi wurin gwani Norman McLaren.

To, me ya yi da ilmin? A 1966 ya zana Bon Voyage Sim, labarin shugaban ƙasar kwaɗi da ya tafi ziyara, ana ta fareti da girman banza. Kowa ya san ba da kwaɗi yake ba. A shekarar dai ya yi fim ɗin wani saurayi da ya komo daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka hana garinsu sakat. A 1972 ya yi F.V.V.A., watau Mace, Gida, Mota, Kuɗi, labarin ƙaramin ma'aikaci da son burga ya sa shi taɓa kuɗin hukuma har ya ƙare a kurkuku. Daga baya ya zauna a Tawa, ya yi fim ɗin Kokoa, inda dabbobi ke kokawa irin tamu. Ya rasu a Wagadugu a 2015.

Ba kowa ne ke fita da son ransa ba. A can ƙasar Jojiya, lokacin tana ƙarƙashin Tarayyar Sobiyet, an yi wani mai suna Otar Iosseliani, haifaffen Tbilisi a 1934. A 1966 ya nuna wani yaro a masana'antar giya da ya ƙi yarda a ɗura lalatacciya a kwalba a sayar wa mutane. Duk mai awo da ya taɓa ƙin algus ya san wannan yaro. Hukuma ta riƙa danne finafinansa, har ya ƙaura Faransa a 1982. Amma bai sayar da idonsa ba. A 1989 ya zo Kasamas ta ƙasar Senegal, ya yi fim a kan ƙauyen da masu yankan katako suka cinye dajinsa, ya ci babbar kyauta a birnin Benis. A Tbilisi ya rasu a 2023. Kome nisan jifa, ƙasa zai faɗo.

Ga abin da muke cewa. Fita waje ba abin kunya ba ne, tafiya mabuɗin ilmi ce. Kunya tana kan hukumar da ke korar mai faɗin gaskiya, da kuma kan wanda ya fita ya komo da akwatin kayan kaboyi kurum, yana hura wa ubansa hanci. Mustafa ya tafi Kanada ya komo da dariyar da ke tone asirin manya. Otar ya bar gida dole, ya ci gaba da tsayawa wajen na ƙasa. Wannan ita ce tsarabar kirki.

Yanzu kyamara ta shigo aljihun 'ya'yanmu. Idan kun ga yaro yana ɗaukar hoton hanyar da ruwa ya cinye, ko layin mata a bakin rijiya, ko yadda ake karɓar kuɗin rumfa ba rasit, kada ku ce masa ɗan iska. Ku ce ya ɗauka da kyau, kada ya ƙara, kada ya rage, kada ya ci mutuncin kowa. Masu mulki kuwa, muna tuna musu cewa fasa madubi ba ya gyara fuska.

Ku kuma samari masu shirin Kano da Legas da ƙetare, Allah ya kiyaye hanya. Amma ku sani za mu buɗe akwatin ranar da kuka komo.