Tarakta A Ƙofar Majalisa, Taki A Bayan Gida

Manomin da ke roƙon Bafillace ya zo ya kafa ruga a gonarsa da rani zai yi mamaki in ya ji cewa a ƙasar Holan kashin shanu ya zama kaya. Ƙasar ƙarama ce, dabbobi kuwa sun yi mata yawa, har manomi kan biya kuɗi a kwashe masa taki. A cikin wannan rigima Caroline van der Plas ta yi suna.

An haife ta a 1967. Ba manomiya ba ce, 'yar jarida ce mai rubuta labarin kiwo da cinikin nama. A 2019 babbar kotun ƙasar ta ce dokar gwamnati ba ta tsare dazuzzuka daga naitirojin da ke tashi daga taki ba. Da aka soma zancen rage dabbobi sai manoma suka hau taraktoci suka toshe hanyoyin birnin Heg. A shekarar nan ta kafa jam'iyyar BBB, watau ta manoma da sauran jama'a.

Zaɓen 2021 ya ba ta kujera ɗaya tak cikin 150, ta kuwa iso majalisa bisa tarakta. Daga nan masu talabijin suka riƙa gayyatarta hira ba ƙaƙƙautawa, don tana magana irin ta kasuwa, kowa na ganewa. A watan Maris 2023 jam'iyyarta ta zo ta ɗaya a dukan larduna 12.

To, a nan ya kamata a yaba mata. Mutanen birni da ba su taɓa taka garke ba sun ji kukan makiyayi daga bakinta. Amma fa talabijin ba ya rage taki. A Yuli 2024 jam'iyyar ta shiga gwamnati, aka ba Femke Wiersma Ministan Aikin Gona, ita ma tun 2010 aka san ta a wani shirin talabijin na nema wa manoma matan aure. Ƙa'idar Tarayyar Turai ita ce kada naitirojin na taki ya wuce kilo 170 a hekta guda, wajen eka biyu da rabi ke nan. Da can an yi wa Holan rangwame har zuwa kilo 250. Rangwamen ya ƙare da ƙarewar 2025, minista kuwa ba ta iya tsayar da shi ba. Mai shanu ɗari da ya jefa mata ƙuri'a sai ya ƙara gona, ko ya biya a kwashe, ko ya sayar da wasu.

Gwamnatin ta rushe a Yuni 2025. A zaɓen Oktoba na shekarar jam'iyyar ta sauko daga kujera 7 zuwa 4.